Ganau a Gaban Kyamara: Tambayoyi da Amsoshi kan Shaidar Waɗanda Suka Tsira daga Kisan Ƙare Dangi

Duk wanda ya taɓa kallon irin wannan fim ya san yadda zaman yake. Dattijo ne ko dattijuwa a kan kujera, babu kiɗa, kyamara ta tsaya cak a kan fuska. Sai a fara da sunan gari, sunan uwa, sunan ƙani, a hankali har a iso ranar da sojoji suka buga ƙofa. Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda suka fi taso wa mai kallo bayan fim ya ƙare. Yawancin misalan daga kisan ƙare dangin da 'yan Nazi suka yi wa Yahudawan Turai aka ɗauko su, domin a nan aka fi daɗewa ana wannan aiki, a nan kuma aka fi tafka gardama a kansa.

Me ake nufi da shaida a nan? Ba a kotu ake ba da shaida ba?

Daga kotun aka aro kalmar, kuma ta dace. Mutum ne da abin ya faru a kan idonsa ko a jikinsa, yake faɗa da sunansa da fuskarsa, ya kuma yarda a adana. Bambancinsa da mai shaidar kotu shi ne babu lauyan da zai katse shi ya ce ya amsa e ko a'a. Yana da damar yin shiru na minti guda, ko ya koma baya, ko ya ce a kashe kyamara. Finafinan da ake magana a kai ba ƙagaggu ba ne, babu ɗan wasa a ciki, mai abin ne da kansa.

Tun yaushe aka fara naɗar irin wannan shaida?

Da wuri aka fara, sai dai an daɗe ba a samu masu saurare ba. A 1946 wani masanin halayyar ɗan Adam daga Chicago, David Boder, ya tsallaka Turai da na'urar da ke naɗar murya a jikin siririyar wayar ƙarfe. Ya zaga sansanonin waɗanda yaƙi ya raba da gidajensu, ya yi hira da mutum kusan 130. Aikin ya yi shekaru a ajiye, 'yan kaɗan ne suka san da shi. A shari'ar Nuremberg ta 1945 zuwa 1946 ma, inda aka gurfanar da manyan shugabannin Nazi, masu gabatar da ƙara sun fi dogara da takardun da 'yan Nazi suka rubuta da hannunsu. Fim ɗin Alain Resnais na 1956, Nuit et Brouillard, wato dare da hazo, wanda ya tsira daga sansanin Mauthausen ne ya rubuta kalamansa, Jean Cayrol, amma a tsawon rabin sa'ar fim ɗin babu wanda ya zauna gaban kyamara ya ce ga abin da aka yi mini.

Shari'ar Adolf Eichmann, jami'in Nazi da ya tsara jigilar Yahudawa zuwa sansanonin kisa, a Birnin Ƙudus a 1961 ce ta sauya lamarin. Mai gabatar da ƙara, Gideon Hausner, da gangan ya kira shaidu sama da 100, da yawansu ma ba su taɓa ganin Eichmann da ido ba. So yake duniya ta ji labarin daga bakin masu shi. An ɗauki shari'ar a kyamara, an nuna a ƙasashe da dama. Ɗaya daga cikin shaidun, marubuci Yehiel De-Nur, yana cikin magana ya yanke jiki ya faɗi sumamme. Mutane da yawa sun manta abin da lauyoyi suka ce, ba su manta wannan faɗuwar ba.

Daga nan sai aka shiga tarawa. A 1979 a garin New Haven na Amurka, wata 'yar jaridar talabijin, Laurel Vlock, da likitan ƙwaƙwalwa Dori Laub, wanda shi ma ya tsira yana yaro, suka fara naɗar bidiyo. Wannan rumbu yana Jami'ar Yale yanzu, da shaida sama da 4,400. A 1994, shekara guda bayan fitar fim ɗinsa Schindler's List, darakta Steven Spielberg ya kafa gidauniyar da ta naɗi hira kusan 52,000 a ƙasashe 56 cikin harsuna 32.

Tunda akwai takardu da hotuna, me kuma ake nema a bakin tsoho?

Sai a fara tambayar wane ne ya ɗauki hotunan. Mafi yawan hotunan da suka rage daga cikin lokacin, masu zaluncin ne suka ɗauka, don amfanin kansu. A 1942 ma'aikatan farfagandar Jamus sun shiga unguwar da aka killace Yahudawa a Warsaw suka ɗauki fim. An yi shekaru ana yanko guntayensa ana sawa a shirye-shiryen tarihi kamar gaskiya tsagwaronta, sai daga baya aka gano wani faifai da ke nuna yadda ake tsara mutane, ana sa su maimaita abu sau biyu sau uku har ya yi wa mai kyamara daɗi. Hotunan da sojojin Birtaniya suka ɗauka a sansanin Bergen-Belsen a watan Afrilun 1945 gaskiya ne, amma ƙarshen labari suka tarar, tulin gawa da mutanen da yunwa ta cinye.

Akwai kuma wuraren da ba a bar komai ba. A Treblinka, sansanin kisa da 'yan Nazi suka gina a Folan, an kashe mutum sama da 700,000 cikin shekara guda da 'yan watanni. A 1943 Jamusawa suka rushe gine-ginen, suka nome filin, suka ajiye gidan gona a kai. Waɗanda suka fita da rai daga wurin ba su kai ɗari ba. In ba bakin waɗannan mutane ba, da na wasu masu gadi da aka gurfanar daga baya, wa zai faɗi yadda ake sauke mutane daga jirgin ƙasa, ko ƙaryar da ake yi musu cewa wanka za su yi? Takarda za ta ba ka lambar jirgi da yawan taragu. Ba za ta gaya maka abin da uwa ta ce wa ɗanta a bakin ƙofa ba. Ganau ya fi jiyau, amma a nan har takardar ma jiyau ce, kuma jiyau mai son zuciya.

Me ya sa ake yawan ambaton fim ɗin Shoah?

Saboda shi ya ɗauki wannan ra'ayi ya kai shi maƙura. Claude Lanzmann, Bafaranshe, ya yi shekara 11 yana aikinsa, ya fito a 1985, tsawonsa kusan sa'a tara da rabi. Babu tsohon hoto ko ɗaya a ciki. Fuskoki ne na yau, da filaye na yau, da layin dogo. Fim ɗin ya buɗe da Simon Srebnik, wanda aka kai sansanin Chelmno yana ɗan shekara 13, masu gadi suka bar shi da rai na wani lokaci saboda yana rera musu waƙa a cikin kwale-kwale. Lanzmann ya mayar da shi wannan kogi yana magidanci, ya sake rera waƙar. Sannan suka taka zuwa wani fili shiru a tsakiyar daji, ciyawa kore shar, inda aka ƙone dubban gawarwaki. Babu abin gani a wurin. Mutumin da ke tsaye ne kaɗai hujja.

An ce wasu wuraren shirya su aka yi. Wannan ba yaudara ba ce?

An shirya su, kuma Lanzmann bai ɓoye ba. Mafi shahara shi ne na Abraham Bomba, mai aski, wanda aka tilasta wa yanke gashin mata a Treblinka kafin a sakar musu iskar guba. A fim ɗin ana ganinsa a shagon aski a Isra'ila, almakashi a hannu, yana yi wa wani mutum aski yana ba da labari. Gaskiyar ita ce ya riga ya bar sana'ar a lokacin. Lanzmann ne ya nemo shagon, don yana ganin idan hannu ya koma ga aikin da ya yi a wancan ɗaki, baki zai buɗe.

Haka kuwa aka yi. Bomba ya yi ta bayani da murya a dake, kamar mai karanta rahoto, har ya iso kan wani abokin aikinsa, shi ma mai aski, da ya ga matarsa da 'yar'uwarsa sun shigo ɗakin. Nan maganar ta tsaya. Ya juya baya, yana goge fuska, ya roƙi a bar shi haka. Lanzmann ya ƙi, ya lallaɓa shi yana cewa dole su ƙarasa, kyamara kuma ba ta kau da kai ba. Bayan dogon shiru ya ƙarasa.

Shin yaudara ce? A ganina shagon shiri ne, amma labarin ba shiri ba ne, kukan ma ba shiri ba ne. Abin da mai kallo ya cancanta shi ne ya san cewa darakta ya gina wurin da za a yi maganar. Wanda ya san haka zai kalli fim ɗin da ido biyu, ɗaya kan mai shaida, ɗaya kan mai tambaya.

To ba zalunci ba ne a fama wa mutum tsohon miki don a samu fim?

Nan ne masana suka rabu, kuma ban ga alamar za su haɗu ba. Masu goyon bayan Lanzmann suna cewa Bomba ya san abin da za a tambaye shi, ya yarda tun farko, kuma da an kashe kyamara a wannan gaɓa da abin da shi kaɗai ya sani ya bi shi kabari. Masu suka suna cewa yardar da mutum ya bayar jiya ba ta soke roƙon da yake yi yanzu.

Tsarin Yale ya bi wata hanya. Mai tambaya ba ya ja-gora sosai, aikinsa saurare ne, mai shaida ke riƙe da linzami. Gidauniyar Spielberg kuma ta raba hira gida uku, rayuwa kafin yaƙi, lokacin yaƙi, da bayansa, a ƙarshe a kira 'ya'ya da jikoki su shigo cikin hoto. Wannan ma bai tsira daga suka ba. Wasu na ganin rufewa da jikoki tana sa mai kallo ya tashi da sanyin zuciya, kamar komai ya warware, alhali mai labarin ya san waɗanda babu su a hoton sun fi waɗanda ke ciki yawa.

Kada kuma a ɗauka duk wanda ya yi kuka an cuce shi. Da yawa sun yi shekara arba'in ba wanda ya tambaye su, har 'ya'yan cikinsu. Sun zo da ƙafarsu suka ce a naɗa.

Mutum ya tsufa, shekaru sun ja. Yaya za a amince da abin da ya tuna?

Tambaya ce ta gaskiya, bai kamata a hantari mai yin ta ba. Ƙwaƙwalwa tana haɗa rana biyu ta mayar da su ɗaya, tana aro abin da aka karanta daga baya ta ɗauka gani aka yi.

Dori Laub ya ba da labarin wata mata da ta shaida tawayen da fursunoni suka yi a sansanin Auschwitz ranar 7 ga Oktoban 1944. Ta ce ta ga bututun hayaƙi huɗu sun kama da wuta. Da aka nuna wa masana tarihi bidiyon, wasu suka ce ba za a dogara da ita ba, domin gidan ƙona gawa ɗaya ne aka lalata a ranar. Laub ya ce sun saurari lissafi sun bar maganar. Matar ba ƙidaya ta zo yi ba. Ta zo ta faɗi cewa a wurin da aka tsara don kada kowa ya iya ɗaga yatsa, ta ga mutane sun tashi sun yi faɗa. Wannan ya faru, kuma takardu sun tabbatar.

Amma kada a tsaya a nan, don akwai ɗaya gefen. A shari'ar John Demjanjuk a Isra'ila, waɗanda suka tsira daga Treblinka sun nuna shi a kotu, suka ce shi ne mugun mai gadin nan da ake kira Ivan. Aka yanke masa hukuncin kisa a 1988. Bayan rushewar Tarayyar Sobiyet sai takardu suka fito da ke nuna wani mutum ne daban, Kotun Ƙoli ta soke hukuncin a 1993. A 2011 wata kotu a Munich ta same shi da laifi, amma a matsayin mai gadi a wani sansanin, Sobibor. Shaidun ba ƙarya suka yi ba. Sun yi imani da abin da suka faɗa, sun kuma yi kuskure a kan fuska bayan shekara arba'in.

Darasin da masana tarihi suka ɗauka shi ne kowace hujja da inda take da ƙarfi. Kwanan wata, adadi, da sunan jami'i, a nemi takarda. Yadda aka yi abin, da yadda yake a jikin wanda aka yi wa, a nemi mai shaida. Idan mutum ɗari da ba su san juna ba, a ƙasashe daban-daban, cikin harsuna daban-daban, suka kwatanta hanya ɗaya daga tashar jirgi zuwa ɗaki ɗaya, saɓaninsu a kan launin ƙofa ba ya rushe ɗakin.

An taɓa samun na ƙarya?

An samu. Binjamin Wilkomirski ya fitar da littafi a 1995 yana cewa ya yi ƙuruciyarsa a sansanonin Nazi. Ya samu kyaututtuka, ya yi ta jawabi a taruka. A 1998 wani ɗan jarida ya tono cewa a Suwizalan aka haife shi, a can ya yi yarintarsa. Abin lura shi ne 'yan jarida da masana tarihi ne suka kama shi, ta hanyar takardun haihuwa da na makaranta. Masu musun kisan ƙare dangi suna son irin wannan labari, suna ɗaga shi kamar tuta. Amma jabun kuɗi ba ya nuna babu na gaske.

Yahudawa kaɗai ake yi wa irin waɗannan finafinai?

A'a. Ko a Yaƙin Duniya na Biyu, bayan Yahudawa miliyan shida, 'yan Nazi sun kashe 'yan ƙabilar Roma da Sinti, da naƙasassu, da fursunonin yaƙi na Sobiyet, sai dai an makara wajen naɗar muryoyinsu. A Koriya ta Kudu, sai a watan Agustan 1991 Kim Hak-sun ta fito fili ta faɗi yadda sojojin Japan suka mayar da ita baiwar lalata, shekara 46 bayan ƙarewar yaƙin. Fitowarta ce ta ba wasu matan ƙarfin hali.

A Kambodiya, Rithy Panh, wanda ya rasa iyayensa a mulkin Khmer Rouge na 1975 zuwa 1979, ya fitar da fim a 2003 kan kurkukun S-21. Ya haɗa mai zane Vann Nath, ɗaya daga cikin ƙalilan da suka fita da rai, da tsofaffin masu gadinsa a cikin ginin. A Ruwanda, inda aka kashe kimanin mutum 800,000, galibi 'yan Tutsi, cikin kwana 100 a 1994, an ɗauki zaman kotunan gargajiya na gacaca, inda bazawara ke tsaye a fili tana nuna maƙwabcin da ya kashe mata miji. A Bosniya, matan Srebrenica sun yi ta magana a gaban kyamara da gaban kotun duniya da ke Hague kan maza da samari Musulmi sama da 8,000 da aka kashe a watan Yulin 1995. Bambanci babba shi ne a Ruwanda da Bosniya mai shaida kan koma gida ya tarar da wanda ya ambata a kan hanya.

Don me ake ba masu laifi damar magana?

Don su suka san yadda injin yake aiki. Lanzmann ya naɗi Franz Suchomel, tsohon jami'in SS, rundunar Nazi mai kula da sansanoni, a Treblinka, da ɓoyayyiyar kyamara, bayan ya yi masa alkawarin ba zai bayyana sunansa ba. Ya karya alkawarin, bai kuma taɓa nuna nadama ba. Suchomel ya riƙe sanda yana nuna taswirar sansanin kamar mai bayanin masana'anta. A fim ɗin Rithy Panh, wani tsohon mai gadi ya shiga ɗakin da babu kowa ya maimaita aikinsa na da, yana buɗe ƙofa, yana daka wa iska tsawa. Jikinsa ya tuna abin da bakinsa ke kewayewa.

Abin da muke gani a fim, shi ne duk abin da mai shaidar ya faɗa?

Ko kusa. Lanzmann ya ɗauki ɗaruruwan sa'o'i ya fitar da tara da rabi. Jan Karski, ɗan saƙon 'yan gwagwarmayar Folan wanda ya shiga unguwar Warsaw a ɓoye, ya yi dogon bayani kan ganawarsa da Shugaba Roosevelt a 1943, amma ba a sa wannan ɓangare ba sai a wani fim daban a 2010. An kuma soki Shoah da ƙarancin muryar mata. Sai daf da rasuwarsa a 2018 Lanzmann ya fitar da hirarrakin mata huɗu da ya ajiye tun shekarun 1970.

Ga kuma tafinta. Manomi ya yi magana da yaren Folan, tafinta ta juya zuwa Faransanci, mai fassara ya taƙaita a rubutun ƙasan hoto. A kowane mataki wani abu na zubewa. Wanda ke son ya ji mutum ɗaya daga farko har ƙarshe, gara ya nemi cikakkiyar hira a rumbunan da aka ambata, da dama suna intanet. Ta fi fim wuyar kallo, don babu wanda ya tace maka ita.

Yara za su iya kallo?

Ya danganta da yaron da fim ɗin. Magana ta fi hoton gawa sauƙin ɗauka, amma kada a bar yaro shi kaɗai da ita. A kalla tare, a tsaya idan ya yi tambaya.

Idan na ƙarshensu ya rasu fa?

Lokacin ya matso. Wanda yake ɗan shekara 10 ranar da sojojin Sobiyet suka buɗe Auschwitz, 27 ga Janairun 1945, ya cika 90 a 2025. Shi ya sa gidauniyar Spielberg, wadda yanzu take Jami'ar Kudancin California, ta zaunar da wasu, irin su Pinchas Gutter, a tsakiyar kyamarori masu yawa na tsawon kwanaki suna amsa tambayoyi sama da dubu. A gidan tarihi sai ɗalibi ya yi tambaya, kwamfuta ta zaɓo amsar da ta dace daga abin da aka naɗa. Ba ta ƙirƙirar magana, abin da ya faɗa kawai take fitarwa. Duk da haka ina da ɗan ɗari-ɗari. Mai rai yana iya gajiya, yana iya ƙin amsawa, yana iya kallonka ya ga ba ka shirya ji ba. Hoton kuwa kullum a shirye yake, ko sau nawa aka tambaye shi yadda 'yar'uwarsa ta mutu.

Akwai waɗanda ba sa son yin magana sam?

Da yawa, kuma mafi yawansu ba mu san sunansu ba, tunda ba su zauna gaban kyamara ba. Primo Levi, wanda ya tsira daga Auschwitz, ya tafi har gaba da haka. A wajensa waɗanda suka ga ƙarshen abin ba su dawo ba, masu magana a madadinsu suke yi.

A cikin Shoah akwai Mordechai Podchlebnik, shi ma daga Chelmno. Yana zaune yana murmushi, ya ce yana gode wa Allah da yake mantawa, kuma bai ga amfanin tayar da maganar ba. Yana amsawa ne kawai saboda an tambaye shi. Aikin da aka sa shi a sansanin shi ne sauke gawarwaki daga motocin da ake kashe mutane da hayaƙi a cikinsu. Lanzmann ya tambaye shi yadda ya yi a ranar farko da aka buɗe ƙofar mota. Murmushin ya ɗan jima a fuskarsa kafin ya gushe. Ya ce a kwana na uku ya ga matarsa da 'ya'yansa a ciki. Ya sa matar a rami, ya roƙi masu gadi su harbe shi. Suka ce masa yana da sauran ƙarfin aiki, ba yanzu ba.